Kwana Tara a Ɗakin Sanyi

4 ga Janairu

Yaya,

Assalamu alaikum. Ina gaishe ki gaisuwar ƙane, da fatan sanyin ɗakin nan naki bai gama cinye miki gwiwoyi ba. Ni lafiya lau, in ban da kunnena da ya ƙara nauyi. Shekara talatin da biyar ina tsaye a gindin injin buga littattafai, ga ladan da ya bar mini: in aka kira ni a waya sai in yi ta cewa "na'am, na'am" kamar mai amsa laifi, ban ji ko kalma ɗaya ba. Shi ya sa na koma takarda. Ke ma dai ba ɗaukar wayar kike yi ba, kullum tana cikin jaka a bakin ƙofar ɗakin gwaji.

An gama gyaran ɗakin baya. An yi fenti, an canza tagar nan da ke cijewa, na kafa kanta uku saboda littattafanki, kodayake na san uku ba za su kai ko'ina ba. Tun da maiɗakina ta rasu gidan ya yi mini yawa. Yara sun watse, kowa da nasa gidan. Da safe nakan cika butar shayi mai cin kofi shida, in sha ɗaya, in zubar da saura. Har yau na kasa koyon dafa na mutum ɗaya.

Shekara biyu ke nan da aka yi miki taron ritaya aka ba ki agogon bango. Na zo, na zauna a layin gaba ina kallon bakin masu jawabi. A ranar kika ce mini, "Auta, ba ni wata shida in kintsa." Na ƙirga wata shida sau huɗu. Me ya rage, Yaya? Gishirin nan naki da ba a sa shi a abinci? Ke sittin da takwas, ni sittin da ɗaya, kuma cikin mu bakwai mu biyu muka saura. Ki faɗa mini gaskiyar abin da ya riƙe ki, in san ko in ci gaba da share ɗakin ko in zuba masa tarkace.

Allah ya bar mu tare.

Ƙaninki,
Auta

15 ga Janairu

Auta,

Wa alaikumus salam. Takardarka ta iso, na gode da ɗakin. Gwiwoyi suna nan yadda ka san su. Batun shayi, ka rage ruwan butar, ba sai an je makaranta ba.

Ka nemi gaskiya, ga ta. Zan kuma yi maka bayanin da ka ƙi saurara shekara talatin, tunda a takarda ba ka da damar yi mini hamma.

Abin da kake kira gishiri sunansa kiristal. A hantar dabba da ta mutum akwai wani inzayim, wato ɗan ma'aikacin da ido ba ya gani, aikinsa ya kama wata guba ya farfasa ta. Sarƙa ce mai gaɓa ɗari biyar da tamanin, ta nannaɗe kanta kamar curin zare. Ba a ganin siffarsa sai an lallashe shi ya jeru, dubbai a kan dubbai, ya zama ƙwaya mai kusurwa, sannan a harba mata haske irin na hoton ƙashi a karanta inuwar. Ni na fara samun wannan ƙwaya, na kuma zana sarƙar duka, in ban da gaɓa goma sha huɗu na ƙarshe. Su ne murfin da ke rufe bakinsa bayan guba ta shiga. Akwai yaran da ake haifa da murfin a lalace, kuma ba sa yin nisan kwana. Duk hoton da na ɗauka, wurin murfin fayau yake kamar an goge. Abin da na yarda da shi shi ne ƙwayar ce ba ta kai kyau ba tukuna.

Matsalar, ba ta fitowa da kanta. Sau ɗaya ta taɓa yi. Tun daga nan sai da iri: duk mako shida in shafi tsohuwar ƙwaya da gashin bakin kyanwa, in ja layi a cikin sabon ɗigon ruwan inzayim, sababbi su tsiro a kan layin. Wannan muke kira shuka. In aka wuce lokaci, tsofaffin su tsattsage su narke, iri ya yanke. Shekara talatin da ɗaya ban tsallake ko sau ɗaya ba. Ka tuna auren 'yarka ta biyu, da na iso da safe na juya kafin a ci abinci? Washegari ranar shuka ce.

Yanzu shugaban sashe ya aiko mini takarda mai ladabi: ƙarshen Afrilu za a kashe ɗakin sanyi a mayar da shi ma'ajiyar kujeru. Ban ga laifinsa ba, injin ya tsufa kuma ni kaɗai nake shiga. Ga kuma hannuna. Shukar shekaranjiya sai da na ɓata ɗigo goma sha ɗaya kafin in ja layi ɗaya madaidaici. Na zauna a kan kujerar ƙarfe na riƙe hannun dama da na hagu, kamar mai rarrashi.

Ba zan juye ƙwayoyin a kwatami in hau mota ba. In na danƙa su a hannun da zai ci gaba da shuka har a ga murfin, zan zo. Zan rubuta wa Bahaguwa, tsohuwar ɗalibata da ka ɗinke wa kundin digiri. Yanzu tana da ɗakin gwajinta, da injunan da ko sunansu ban iya ba.

Ka ci gaba da shara. Ka huta lafiya.

Yayarka

16 ga Janairu

Bahaguwa,

Sallama da gaisuwa, da fatan ke da maigidan da yara kuna lafiya. Ina ganin takardun binciken da kike fitarwa, kuma duk na karanta. Ta bara tana da kuskure a jadawali na uku, amma aikin ya yi kyau.

Direban da ya miƙa miki wannan wasiƙa yana ɗauke da akwati mai ƙanƙara. Kada a girgiza. A ciki akwai faranti biyu na kiristal, da kwalba ɗaya ta inzayim, da gashin kyanwa huɗu a ambulan. Kyanwar ta mai gadinmu ce. Ban tuge mata ba, tsinta na yi a inda take kwanciya.

Roƙo nake yi, kuma kin san ban iya ba. Ki karɓi irin nan. Hasken injinki ya fi nawa nesa ba kusa ba, wataƙila abin da ya ɓuya mini ya bayyana gare ki. Shuka ta gaba 24 ga Fabrairu ce. Na riƙe faranti ɗaya a nan, zan riƙa shukawa tare da ke har in ji naki ya kama.

Ƙa'idar ba ta canza ba. Hanta sabuwa daga mayanka, a tace yadda na koya miki, sannan a ajiye kwalbar a ɗakin sanyi kwana tara cif kafin a ɗiga. Na san kuna yi mini dariya a kan wannan, ke da sauran, kuna cewa inzayim ɗin Malama sai ya ɗauki hutun shekara yake aiki. Ban taɓa gaya muku dalili ba.

Shekara shida na yi ina ɗiga shi sabo, ban sami komai ba. Sai aka aiko cewa Innarmu tana asibiti. Na bar kwalbar a kan kanta na tafi. Na same ta da rai, muka yi kwana biyu tare kafin ta rasu. Na dawo rana ta tara. Ba ni da ƙarfin zuwa mayanka, sai na ɗiga tsohon don kada in zauna haka kawai. Bayan mako guda na leƙa madubin ƙara girma na gan su, guda bakwai, kamar da reza aka yanka. Na auna inzayim ɗin da ma'aunin wancan zamani, ban ga ya canza ba. Tun ranar ban rage kwana ɗaya ba. Ban san abin da kwana taran ke yi masa ba. Ina jin hutawa yake yi.

Ki ja layin da hannun hagun nan naki, kada ki bar wa kowa.

Allah ya yi miki albarka.

Malamarki

22 ga Janairu

Malama,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Ina gaishe ki da girmamawa. Saƙo ya iso lafiya, na duba da kaina, ko ƙwaya ɗaya ba ta tsage ba. Na karɓa hannu bibbiyu, kuma na rasa bakin godiya da kika tuna da ni.

Labarin Inna ya sa na rufe ƙofar ofis na ɗan zauna. Da mun sani da ba mu yi dariyar ba.

Kuskuren jadawali na uku gaskiya ne. Mutum huɗu suka tantance takardar, ba wanda ya gani. Na riga na nemi layi a injin haske, zan sanar da ke duk abin da ake ciki.

Allah ya ƙara lafiya da nisan kwana.

Ɗalibarki,
Bahaguwa

12 ga Fabrairu

Kawu,

Assalamu alaikum. Ina gaishe ka, ina kuma neman afuwa da na rubuto babu sanarwa. Ban sani ba ko za ka tuna ni. Ni ce ɗalibar Malama da ka ɗinke wa kundi, ka ce in daina watsa waƙafi kamar mai ba kaji hatsi. Adireshinka a wurin 'yarka ta biyu na samu, unguwarmu ɗaya.

Malama ta aiko mini da irin kiristal ɗinta in ci gaba da shukawa. A wurinmu duk kiristal da ya shigo, kafin a kai shi gaban haske, mukan narkar da ƙwaya ɗaya mu auna nauyin abin da ke ciki. Al'ada ce kawai, kamar yadda kuke duba shafi kafin bugu. Injin awon yana gane bambancin gaɓa ɗaya tak. Lokacin da Malama ta fara babu irinsa a kusa, nata ma'aunin kuwa ba ya ganin goma sha huɗu a cikin ɗari biyar da tamanin.

Kawu, sarƙar da ke cikin ƙwayar ba ta cika ba. Ta gaza da gaɓa goma sha huɗu daidai. Murfin da take nema babu shi a ciki.

Na maimaita sau uku. Sannan na je mayanka da kaina, na tace sabo, na ajiye kwana tara yadda take yi, ina aunawa kullum. Ranar farko murfin yana nan. Rana ta huɗu ya fara raguwa. Ta tara babu ko ɗaya. Ashe akwai wani inzayim na daban, ɗan mitsitsi, da ke biyo shi daga hantar, shi kuma aikinsa yanka. Shi yake datse murfin a cikin kwanakin nan. Kuma datsewar ce take sa ƙwayar ta fito, don murfin ba ya zama wuri ɗaya, muddin yana nan ba ya barin a jeru.

Wato shekara talatin da ɗaya tana neman murfin a cikin abin da ba ya samuwa sai in babu murfin. Ko an kai shi gaban hasken da ya fi kowanne a duniya, ba za a gani ba.

Sauran zanenta daram yake, da shi kowa ke aiki har gobe. Amma na san ba don sauran take shiga ɗakin sanyi ba. Sau huɗu na fara rubuta mata ina yagawa. Muna ɗalibai, in mun tashi da yamma nakan hango ta ta gilashin ƙofa, ita kaɗai da rigar sanyi biyu, tana yi wa farantan magana ƙasa-ƙasa. Ka fi ni saninta. Yaya zan yi?

Ina jiran shawararka. Allah ya ƙara girma.

'Yarka,
Bahaguwa

18 ga Fabrairu

'Yata,

Wa alaikumus salam. Na tuna ki sarai, kuma na ga waƙafin ya ragu, madalla. Na karanta takardarki sau biyu. Yau na fahimci aikin Yaya fiye da kullum, kuma ban ji daɗin fahimtar ba.

Shawarata ba ta malamai ba ce. Ki yi shiru. Ki shuka ranar 24, ki rubuta mata cewa sun kama kuma kina jiran layi a injin. Ba ƙarya kika yi ba, ai za su kama. Ita kuma ta tattara kayanta ta zo. Ta zauna a ɗakin baya tana jiran labari daga wurinki, ke kuma kina cewa ana nan ana ƙoƙari. Shekara nawa suka rage mana, ni da ita?

Ina matashi a maɗaba'a na taɓa ganin kuskure a shafin farko na wani littafi, bayan an buga an ɗinke an rarraba. Marubucin dattijo ne. Don rawar kai na ɗauki littafin har gidansa na nuna masa. Ya yi mini godiya, ya rako ni bakin ƙofa, ya rufe a hankali. Bai sake kawo mana aiki ba, ban kuma ji ya kai wa wani ba.

Yaya ba ta yi aure ba. Wani malamin lissafi ya jira ta shekara huɗu, ya gaji. Rasuwar babban wanmu, sai da aka watse ta iso, saboda shuka. Wata uku ba wanda ya yi mata magana a cikinmu, har da ni. In kika ce mata babu komai a cikin gishirin nan, duk waɗannan za su taso mata lokaci guda, ita kaɗai a hawa na uku, ba mai miƙa mata ko ruwa. Ki bari ta iso wurina tukuna. Daga baya sai mu ga yadda za a yi.

Ki gaishe da maigidan. Allah ya raya yara.

Kawunki

3 ga Maris

Bahaguwa,

Gaisuwa mai yawa. Na shuka ranar 24. Ɗigo goma sha tara na ɓata, biyu suka kama. Naki fa? Kwana bakwai sun isa a gani, kuma shiru ba halinki ba ne. Ke da kike buga mini ƙofa don kin ga ƙura a madubi kin zaci kiristal ne.

Benen nan ya kusa zama kango. An kwashe ɗakin gwajin da ke kusa da nawa, mai shara ta daina hawowa sai ranar Alhamis. Jiya da safe na lura tun Alhamis ɗin ban yi magana da kowa ba, sai na ce "to" da ƙarfi, don in ji ko muryar tana nan. Tana nan. Ɗazu ma'aikata biyu suka shigo suka auna ɗakin sanyi da tef ina zaune a ciki. Ɗayan ya ce, "Sannu Mama, ɗan matsa." Na matsa.

In sun mutu a hannunki, faɗa mini, akwai nawa. In kuma wani abu kika gani, kin san dokar ɗakina: a rubuta abin da aka gani, ranar da aka gani, da biro ba da fensir ba.

Ina sauraro.

Malamarki

9 ga Maris

Malama,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Ina gaishe ki, ina kuma neman gafara tun kafin in fara.

Na shuka ranar 24, sun kama, sun fi arba'in. Wannan gaskiya ne, amma ba shi ne abin da na gani ba.

Na haɗo da takardu shida. Uku na farko nauyin abin da ke cikin ƙwayarki ne. Ya gaza da gaɓa goma sha huɗu na ƙarshe. Sauran ukun awon sabuwar tata ce, daga ranar farko zuwa ta tara. Za ki ga murfin yana raguwa har ya ƙare. Wani mai yanka ne yake biyo shi daga hantar. Ba hutawa yake yi a kwana taran ba, Malama, datse shi ake yi, kuma sai an datse yake jeruwa. Murfin bai taɓa shiga kiristal ɗin ba.

Na buɗe tsohon littafina na ɗalibta. Shekara goma sha tara da suka wuce na rubuta da hannuna cewa a rana ta tara ƙarfin aikinsa yana raguwa da kashi ɗaya cikin uku. Na kawo miki, kika ce gajiya ce, ni ma na ce gajiya ce, na ja layi a ƙarƙashi. Laifin namu ne mu biyu.

Akwai hanyar ganinsa ba tare da kiristal ba. Ana daskarar da shi a cikin ƙanƙara mai sirantaka, a ɗauke shi hoto ɗaya bayan ɗaya da murfinsa. Muna da injin. Zai ɗauki watanni, kuma ban yi alkawarin zai fito tas ba. In kin yarda, sunanki ne zai zo farko.

Na fi wata guda da sanin wannan. Na kasa rubuto miki, sai na rubuta wa Kawu, ƙaninki. Ya ce in yi shiru har ki isa wurinsa. Don Allah kada ki ga laifinsa, tsoro yake ji kada labarin ya same ki ke kaɗai. Ni ma shi nake ji. In kin ce in zo, gobe zan kamo hanya.

Ki yafe mini.

Ɗalibarki,
Bahaguwa

16 ga Maris

Bahaguwa,

Gaisuwa. Na karanta takardu shidan. Awon ya yi tsabta, ban sami inda zan kama ba, kuma na nema.

Laifin ba na mu biyu ba ne. Ke ɗaliba ce kika kawo lamba, ni na raɗa mata suna don ta yi shiru. Kada ki sake raba laifi don ki yi wa mutum kara, ba haka na koya miki ba.

Sunana ba zai zo farko a aikin da ban yi ba. Ki yi aikinki da injinki. Gyaran tsohuwar takardata kuwa ni zan rubuta, ni kaɗai, ki ba ni izinin kafa hujja da awonki.

Ki aiko mini da maganin da ke hana mai yankan aiki, wanda zai ishi kwalba ɗaya. Ban ƙaryata ki ba. Amma ban taɓa karɓar sakamakon da ban gani da idona ba, kuma ba yanzu zan fara ba.

Kada ki zo. Ki gaishe da yara.

Malamarki

2 ga Afrilu

Yaya,

Assalamu alaikum. Wannan ce takarda ta uku da na aiko babu amsa. Na je gidan waya har ma'aikaciyar ta fara girgiza mini kai tun daga bakin ƙofa.

Bahaguwa ta sanar da ni ta faɗa miki komai, har da shawarar da na ba ta. To, ban musa ba. Ni na ce ta yi shiru. Da za a sake tambayata ma ban san me zan ce ba. So nake ki zo, ban damu da ta wace ƙofa ba, ga iyakar wayona ke nan.

Ki zage ni, Yaya. A takarda ina ji sarai. Ki ce mini sakarai, ki ce tun ina yaro haka nake, in na fasa kofi in tura shi ƙarƙashin gado. Amma kada ki yi mini shiru. Ban san ko kina cin abinci ba. Ban san ko har yanzu kina shiga ɗakin nan ba, ko kuwa kina zaune a gida kina kallon bango. In ban ji daga gare ki ba kafin tsakiyar wata, zan zo in zauna a kan matakala har ki buɗe, kuma kin san bugun ƙofata ba kyau, ba na jin ƙarfinsa.

Allah ya huci zuciyarki.

Ƙaninki,
Auta

15 ga Afrilu

Auta,

Wa alaikumus salam. Ina cin abinci.

Na je mayanka, na tace hanta ɗaya, na raba kwalba biyu. Ɗaya na sa mata maganin da Bahaguwa ta aiko, ɗaya na bar ta yadda na saba. Ranar bakwai ga wata na shuka duka biyun. Jiya na duba. Wadda na saba ta ba da ƙwayoyi masu kyan da ban taɓa samu ba. Mai maganin kuwa ruwa ne garau. Yarinyar ta yi daidai.

Na daɗe a kan ɗigon da babu komai. Inzayim ɗin yana ciki cikakke, da murfinsa, yana buɗewa yana rufewa a gaban idona, ni kuma ruwa kawai nake gani. Da ƙafata ta fara sanyi na tashi, na wanke farantan duka, na rubuta wa Bahaguwa ta daina shuka. Takardar gyara ta tafi da safe, shafi ɗaya da rabi. Makullin ɗakin sanyi yana hannun shugaban sashe.

Fushi nake yi da kai, sosai, kuma a nan babu wanda zan yi wa. Ka zo ranar Asabar ka ɗauke ni.

Yayarka